Darasi na 14: Abin da Ke Cinye Hoton Dare a Fim

Yawancin masu kallon fim a ƙasar Tofa yau a waya suke kallo. Daga Lambu zuwa Doka, daga Langel zuwa Yanoko, da wuya ka shiga gari ba ka tarar da rumfar mai cajin waya da ke haɗawa da turin fina-finai ba. Mutum ya miƙa memori, a zuba masa, ya koma gida ya kalla bayan sallar isha'i. Wanda ya je cin kasuwa Janguza, ko ya zarce cikin birni, shi ma yakan dawo da nasa guzurin. Muddin rana ce a cikin labarin, ba a cika jin ƙorafi ba. Da dare ya yi kuwa sai hoto ya dagule. Fuskoki su narke cikin bango, baƙin ya riƙa fashewa gida-gida, kana jin muryar sarki amma ba ka san ko murmushi yake yi ko ya haɗe rai ba. Daga nan sai rabon laifi. Wannan ya ce wayar ce ta tsufa, wancan ya ce 'yan fim ne ba su iya ɗauka ba, wani dattijo ma ya fara zargin idonsa.

Sau da yawa duk ba nan gizo ke saƙa ba. Fim ɗin ne aka matse shi fiye da kima kafin ya iso hannunka. A wannan darasi za mu ga yadda ake matse fim, da dalilin da ya sa duhu ya fi haske shan wahala, da ɗan lissafin da kowa zai iya yi da kansa kafin ya biya kuɗin turi ko ya ƙona data.

Hoto ɗigo-ɗigo ne

Abin da muke kira fim jerin hotuna ne tsayayyu da ake wucewa da su a guje, guda 24 ko 25 ko 30 a kowace daƙiƙa, har ido ya ɗauka motsi ne. Kowane hoto kuma tarin ƙananan ɗigogi ne masu launi, waɗanda masana ke kira fiksel. Lambobin nan da kuke gani a YouTube, 144p da 360p da 720p da 1080p, adadin layukan ɗigogi ne daga saman hoto zuwa ƙasansa. Hoton 360p yana da ɗigo 640 a kwance, 360 a tsaye. Na 1080p yana da 1920 a kwance, 1080 a tsaye, wato ɗigo miliyan biyu da 'yan kai a hoto guda.

Da za a adana kowane ɗigo yadda yake, hoto ɗaya na 1080p zai ci megabait 6 da 'yan kai. A ninka sau 25, a sake ninkawa sau 60, sai a ga minti ɗaya tak ya cinye fiye da gigabait 9. Fim mai minti 90 zai haura gigabait 800. Babu memorin da ke aljihun kowa a ajin nan da zai ɗauki ko rubu'insa. Saboda haka matse fim ba mugunta ba ce, dole ce. Duk fim ɗin da ka taɓa kallo a faifai ko a waya ko a tauraron ɗan adam matsattse ne. Magana ita ce yaya ƙarfin matsewar.

Manomin tumatir ya san wannan harka. Idan kwando ya yi nauyi, kasuwa ta yi nisa, sai a yanka a shanya ya zama kauɗa, abin da mota za ta ɗauka sai ga shi a 'yan buhuna. Amma duk yadda uwargida ta jiƙa shi, ba zai koma ɗanyen tumatir ba, don ruwan da rana ta sha ya tafi. Abin da aka zubar daga fim wajen matsewa shi ma ba ya dawowa, ko da an sa shi a waya mafi tsada a kasuwar Farm Centre.

Yadda na'ura ke zaɓen abin zubarwa

Dabarun matsewa biyu ne manya. Ta farko, na'ura tana duba hoto ta kwatanta shi da wanda ya gabace shi. Idan mutum yana magana a gaban katanga, katangar ba ta motsi, don haka babu amfanin sake adana ta sau 25 a daƙiƙa. Sai a adana ta sau ɗaya, a riƙa rubuta abin da ya canja kawai. Ta biyu, tana yanka kowane hoto zuwa ƙananan gidaje masu kusurwa huɗu, galibi ɗigo 8 sau 8 ko 16 sau 16, ta leƙa cikin kowane gida. Inda ɗigogin suka kusa zama launi ɗaya, sai ta shafe bambancin, ta mai da su bai ɗaya. Idan an ba ta wuri wadatacce, ɗan kaɗan take shafewa, ido ba ya ma lura. Idan an ce lalle sai fim ɗin minti 90 ya shiga megabait 150, sai ta yi ta shafewa ba ji ba gani, har gidajen nan su fito fili kowa ya gan su.

Tsare-tsaren matsewa sun yi ta inganta. Faifan bisidi, wanda ya fito a 1993, yana aiki da tsarin MPEG-1, hotonsa ɗigo 352 ne sau 288. Dibidi ya zo da MPEG-2, da hoto mai ɗigo 720 sau 576. A 2003 aka fitar da H.264, wanda har yau shi ne ke cikin akasarin fina-finan MP4 da ake turawa a waya. H.265 ya biyo baya a 2013, AV1 kuma a 2018. Kowane sabo yana iya ba da hoto mai kyau a wurin da bai kai na tsohon ba, sai dai tsofaffin wayoyi ba duka ke iya buɗe sababbin ba. Masu ƙananan wayoyi na maɓalli kuwa sun san 3GP, wanda sau da yawa hotonsa ɗigo 176 ne sau 144. A irin wannan, dare ba ya ma tashi. Baƙin allo ne kawai da murya.

Me ya sa duhu ya fi cutuwa

Wannan ita ce zuciyar darasin, sai a natsu.

A yawancin bidiyon da muke kallo, tsakanin baƙi ƙirin da fari fat matakai 256 ne kacal, ana ƙirga su daga 0 zuwa 255. Hasali ma ba duka ake amfani da su ba, daga 16 ne zuwa 235. Hoton rana yana bazuwa a kan matakan nan kusan duka: ga farar riga can sama, ga jar ƙasa a tsakiya, ga inuwar darbejiya a ƙasa. Ko an shafe 'yan matakai, da sauran da yawa. Hoton dare kuwa cunkushe yake a 'yan matakan ƙasa. Mu ɗauki misalin zauren sarki da dare, fitilar aci-bal-bal ɗaya a alkuki. Bangon ƙasa yana iya zama a mataki na 22, rawanin sarki a na 26, kumatunsa a na 34. Tazarar da ta raba mutum da bango ba ta wuce 'yan matakai ba. A wurin na'ura, wannan tazara ƙarama ce, irin wadda aka koya mata ta shafe. Sai ta shafe, rawani da bango su zama abu ɗaya.

Idon ɗan Adam kuma akasin haka yake. A cikin duhu ne ya fi kama ƙaramin bambanci. Kunna ashana da tsakar rana, ba wanda zai waiwayo. Kunna ta a ɗaki da tsakar dare, kowa zai gani. Don haka kuskuren da zai ɓace a farar riga, a baƙin bango fitowa yake ɓaro-ɓaro. Shi ya sa kuke ganin hasken fitila, wanda ya kamata ya riƙa dusashewa sannu a hankali, yana fitowa zobe-zobe, kowane zobe da iyakarsa. Matakan da ke tsakani ne aka kwashe. Manyan kamarori da sababbin tsare-tsare suna iya aiki da matakai 1,024, wanda ke rage wannan matsala ƙwarai, amma irin wannan fim ba kasafai yake isowa rumfar turi a yadda yake ba.

Akwai kuma wata matsala daga kamarar kanta. Idan haske ya yi ƙaranci wajen ɗauka, hoto yakan fito da wani tsaki-tsaki mai rawa, wanda ke canja wuri a kowane hoto. Na'urar matsewa ba ta san wannan shara ba ce. Ko dai ta ɓata wurin da aka ba ta wajen adana shi, fuskar jarumi ta rasa rabo, ko kuma ta goge shi ta haɗa da gashin gemu da zanen fuska da saƙar riga. Haka hayaƙi da harshen wuta da ƙura da ruwan sama suke wahalar da ita, domin ba sa tsayawa wuri ɗaya balle a ce a adana sau ɗaya a huta.

A ƙara da wani abu da ya shafe mu kai tsaye: mu baƙaƙen fata ne. Fuskar Bature a cikin duhu tana can sama da bango da matakai masu yawa. Fuskar Bahaushe tana kusa da shi. Matsewar da za ta bar wa wancan idanu da baki, mu sai ta bar mu da haƙora da farin ido.

Fim ɗin tarihi

Duk abubuwan nan da muka lissafa, a fim ɗin tarihi suke taruwa. Labari ne na zamanin da babu lantarki, don haka darensa dare ne na gaske, ba mai ƙwan fitila a kowace kusurwa ba. Gine-ginen ƙasa ne, soraye da zauruka masu ƙananan tagogi. Ga wutar itace, ga hayaƙin turare, ga ƙurar dawaki, ga harin asuba. Tufafin ma masu duhu ne: kore, da turkuɗi, da rawani ɗan Kura. Wanda ya taɓa riƙe ɗan Kura a hannu ya san ba baƙi ba ne zalla. Shuni ne da aka buga har ya ɗauki ƙyalli, in ya motsa a gaban wuta sai wani ja-ja ya gilma a kan ninkinsa. Mai shirya fim ya kashe kuɗi ya nemo shi, mai ɗaukar hoto ya ɓata lokaci ya saita fitila don ƙyallin nan ya fito. A fim ɗin da aka matse, abin da ya rage dunƙulen baƙi ne a kan mutum.

Muna da irin waɗannan fina-finai, kuma suna ƙaruwa. Akwai Shaihu Umar na 1976, wanda Adamu Halilu ya ba da umarni, daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa. Akwai Sarraounia na 1986, na Med Hondo, daga littafin Abdoulaye Mamani, kan sarauniyar Lugu da ta tari sojojin Faransa a 1899 a ƙasar da yau take Nijar. Akwai Amina na Izu Ojukwu, kan Sarauniya Amina ta Zazzau, da ya hau Netflix a 2021. Akwai Mai Martaba na Prince Daniel, da aka ɗauka a Daura, wanda Nijeriya ta zaɓa a 2024 ya wakilce ta a gasar Oska. Ga kuma na waje da ake fassarawa da Hausa, irin su Ertugrul na Turkiyya da aka fara nunawa a 2014, wanda tanti da wutar dare suka yi yawa a cikinsa.

Labarin Shaihu Umar yana da darasi. An daɗe ana ɗauka fim ɗin ya salwanta, sai aka gano ainihin faifansa a ma'ajiyar Hukumar Fina-finai ta Nijeriya, aka gyara shi a Jamus, aka nuna shi a bikin fina-finai na Balin a 2018. An iya gyara shi ne domin asalin yana nan. Da matsattsen kwafi kaɗai ya rage, da babu gwanin da zai dawo da abin da aka zubar. Masu shirya fim a Kano su ji wannan da kyau, su riƙa ajiye asalin aikinsu.

Kada kuma a ɗauka matsalar talaka ce kaɗai. A watan Afrilun 2019, tashar HBO ta Amurka ta nuna wani kashi na Game of Thrones wanda kusan dukansa yaƙin dare ne. Masu kallo a ƙasashe da dama suka yi ca, suna cewa ba sa ganin komai. Mai ɗaukar hoton, Fabian Wagner, ya ɗora laifin a kan matsewar da ake yi wajen watsawa, da rashin saita talabijin daidai, da kallo a wuri mai haske. Yana da gaskiya, amma a ganina ba duka ba. Wanda ya san a waya da ƙaramin talabijin za a kalli aikinsa, ya kamata ya tuna da su tun a wurin ɗauka. Wannan ya fi hawa kan 'yan Kannywood, waɗanda kusan duk masu kallonsu a waya suke. Dare a fim ba rashin fitila ba ne. Fitila ake sakawa da gwaninta har ta yi kama da dare.

Kwafa daban, juyawa daban

A zamanin kaset, tun daga fim ɗin Turmin Danya na 1990, duk kwafin da aka yi daga wani kwafi sai ya fi shi dishi-dishi. Shi ya sa har yau wasu ke cewa fim yana tsufa idan ya yi yawo daga waya zuwa waya. Wannan ya wuce. Turawa ta Xender ko Bluetooth, ko daga kwamfuta zuwa memori, kwafa ce kawai. Ko sau ɗari aka yi, ɗigo ɗaya ba ya raguwa.

Abin da ke ragewa shi ne juyawa, wato a sake matse fim don ya ƙara ƙanƙancewa ko ya shiga wani tsari, abin da masu turi ke cewa kombatin. Kowace juyawa sabuwar zubarwa ce a kan ta baya. Kuma ba mai turi kaɗai ke yin ta ba. Idan aka ɗora fim a YouTube ko Facebook, su ma sai sun sake matse shi. Idan aka tura bidiyo ta WhatsApp a yadda aka saba, ana matse shi, sai fa in an tura shi a matsayin dokumen. Idan aka ɗora wa fim fassarar Hausa ko tambarin wani shago a kusurwa, galibi an sake matse shi. Fim ɗin da ya bi ta hannu huɗu irin wannan kafin ya iso Tofa, darensa ya riga ya mutu a hanya. Mafi muni shi ne wanda aka saci ɗaukarsa da waya a gidan sinima. Wannan ga haƙƙin mutane, ga ciwon ido.

Lissafin da za ka yi da kanka

Kada rubutun HD a jikin sunan fim ya ruɗe ka. Suna kowa na iya rubutawa. Ko da hoton 1080p ne da gaske, idan an matse shi ƙwarai, 480p da aka ba wuri wadatacce ya fi shi kyau. Abin dubawa shi ne nauyin fim da tsawonsa. Ka danna kan fim ɗin ka riƙe, ka shiga wurin bayanansa, za ka ga megabait nawa ne. Sai ka raba da adadin mintocinsa.

Fim mai minti 90 da nauyin megabait 180, kowane minti ya samu megabait 2. Wani mai minti 90 da nauyin megabait 900, kowane minti ya samu 10. Shawarata ita ce, fim ɗin barkwanci da aka ɗauka a tsakar gida da rana zai iya wucewa da megabait 3 ko 4 a minti. Na tarihi mai yawan dare, a nemi wanda ya kai 8 zuwa sama idan a waya za a kalla, fiye da haka idan a talabijin ne. Gara fim biyu da za a gani da kyau da guda goma da za a yi ta ƙanƙance ido.

Ga misalin yadda za a yi ciniki a rumfa:

"Samari, wannan na sarautar nake so a sa mini."

"To Baba, akwai ƙarami akwai babba. Wanne za a sa?"

"Babban nawa ne nauyinsa?"

"Ya kusa giga ɗaya, Baba. Zai cinye maka wuri fa."

"Ba komai, goge waɗancan da na gama kallo. Amma kafin ka tura, ja mini shi zuwa wurin da dare ya yi, in gani da idona."

Wannan jimla ta ƙarshe ita ce ta fi muhimmanci. Farkon fim yawanci da haske yake, ba ya nuna aibi. Mai kallo a YouTube kuwa ya sani cewa idan sabis ya yi rauni, manhajar da kanta take saukar da hoto zuwa 240p ko 144p ba tare da ta tambaye shi ba. Sai ya taɓa alamar saiti ya zaɓi 480p ko 720p da hannunsa, ya san kuma data za ta fi tafiya. Inda sabis ba ya tsayawa, ya fi sauƙi a sauke fim a inda yake da ƙarfi, a zo gida a kalla.

Wani lokaci fim ɗin lafiyarsa ƙalau, wurin kallon ne bai dace ba. Fim mai duhu ba a kallonsa a gindin bishiya da azahar, hasken da ke faɗowa kan gilashin waya ya fi na cikin hoton ƙarfi. A shiga ɗaki, ko a bari sai dare. A kashe tsarin tattalin caji, don yana rage hasken fuskar waya. A goge maiƙon hannu, a canja gilashin kariya idan ya ƙoƙƙoje. Idan mutum biyar sun kewaye waya ɗaya, na gefe ba sa ganin abin da na tsakiya ke gani, musamman a ƙananan wayoyi. A talabijin kuma kada a ƙure maɓallin haske, domin ba zai fito da abin da babu ba, sai dai ya mai da baƙi toka-toka ya tona gidajen nan da ke ɓoye.

Aiki

Fim mai minti 120 yana da nauyin megabait 360. Megabait nawa kowane minti ya samu? Za ka karɓe shi idan na yaƙin dare ne? Faɗi dalilinka.

Maƙwabciyarki ta ce fim ɗinta ya lalace ne don an tura shi ta Xender sau da yawa. Me za ki ce mata?

Rubuta jimla uku kan abin da ya sa fuskar mutum ke ɓacewa a hoton dare.

Kafin haɗuwa ta gaba, kowa ya duba fina-finai biyu da ke wayarsa ko ta wani na gida, ya rubuta nauyin kowanne da tsawonsa a littafinsa. Wanda ba shi da waya ya haɗu da na kusa da shi. A zo da wayoyin da cajinsu, za mu rufe tagogin aji mu kwatanta.